Alamar da Ke Kunnen Karen Istanbul

'Yan kasuwarmu da ke zuwa Istanbul sarin kaya, in sun dawo, zancensu na abaya ne da takalma da tsadar kuɗin kago. Amma in hira ta yi tsawo, da wuya a watse wani bai sako maganar karnuka ba. A Laleli, unguwar da ake ɗaure dilolin tufafi, da dandalin Sultan Ahmed, da bakin ruwan Eminonu inda jiragen fito ke tsayawa, ko'ina za ka ga kare ƙato ya miƙe ƙafafu a ƙofar shago yana sharar barci, jama'a na ratse shi suna wucewa. Ba mai daka masa tsawa, ba mai sunkuyawa neman dutse. A gindin bango akwai kwanon ruwa da wani ya cika tun da safe, wani lokaci har da kwali da aka shimfiɗa masa saboda sanyin daɓe. Wanda ya tashi a garin da kare ke hango mutum ya soke wutsiya ya ruga, dole abin ya tsaya masa a rai.

Abin da ya fi cancantar a tsaya a duba kuwa ɗan ƙarami ne. A kunnen yawancin karnukan nan akwai ɗan roba mai launi da aka huda kunnen aka maƙala, da lamba a jikinsa. Mutumin Istanbul in ya ga wannan roba ya san labarin karen ba tare da ya tambayi kowa ba. Ya san wata rana motar ƙaramar hukuma ta zo ta ɗauke shi zuwa asibitin dabbobi. An sa shi barci, in namiji ne an fiɗiye shi, in karya ce an cire mata mahaifa. An yi masa allurar rigakafin haukar kare, an ba shi maganin tsutsa da na kaska, an ajiye shi 'yan kwanaki har ɗinkin ya kame, an rubuta lambarsa a littafi. Sannan aka sake sa shi a mota aka mayar da shi layin da aka ɗauko shi. Duk roba ɗaya da ka gani a kunne, bayanta akwai direba, da mai kamu, da likita, da zare da allura, da abincin kwanaki, da kuɗin da wani ya yarda a fitar daga baitulmali. Aiki ne marar armashi, ba a kiran 'yan jarida su ɗauki hotonsa, ba kuma ranar da za a ce an gama shi.

Wanda ya fara jin wannan tsari, tambayarsa ɗaya ce: tun da an kama shi, me ya sa za a mayar? Amsar tana cikin yadda karen titi ke rayuwa. Yawan karnukan da ke unguwa yana bin yawan abincin da ke unguwar ne, wato bola, da bayan gidajen abinci, da ragowar mahauta, da hannun masu tausayi. In aka kwashe karnukan layi kaf aka bar abincin a inda yake, ba a jimawa wasu za su shigo daga maƙwabta su gaje wurin. Waɗannan baƙin ba a yi musu allura ba, suna haihuwa, ba su kuma san mutanen layin ba. Karya tana ɗaukar ciki kwana 63 ne kacal, ta zubo 'yan kwikwiyo huɗu, shida, wani lokaci fiye, kuma 'ya'yan nan kafin su shekara su ma sun isa haihuwa. Da yawansu kan mutu suna ƙanana saboda yunwa da cuta da mota, amma da zarar an rage manya, abinci ya yalwata, sai masu rayuwa su ƙaru. Karen da aka fiɗiye aka mayar kuwa yana riƙe da layinsa, yana korar baƙo, yana cin abincin da baƙon zai ci, ba ya kuma ƙara ko ɗaya. Faɗan da maza ke yi a kan karya lokacin barbara yana raguwa, haka ma cizon uwa mai gadin 'ya'yanta, wanda shi ne ke samun yara masu son ɗaukar kwikwiyo.

Zaman Istanbul da karnukanta ya daɗe. A zamanin Daular Usmaniyya ta Turkawa, mutanen birnin ba sa shigar da kare ɗaki, kamar yadda mu ma ba ma yi, domin a mazhabar Hanafiyya da suke bi yawun kare najasa ne. Amma a waje suna ciyar da shi. Akwai masu kuɗi da suka bar waƙafi don a riƙa ba karnuka da kyanwoyin titi abinci bayan ransu. Akwai masu sana'ar yawo da kayan ciki a rataye a sanda, mai neman lada ya saya ya jefa wa dabbobi. A gindin famfunan dutse na unguwa akan sassaƙa ɗan kwarmi don ruwan da ya zuba ya taru dabba ta sha. Su kuma karnukan sun raba gari unguwa-unguwa, kowane garke da iyakarsa, suna cinye sharar da ake zubarwa a lungu, suna haushi in baƙo ya shigo da dare ko in gobara ta tashi, abin da ke da muhimmanci a birnin da yawancin gidajensa na katako ne a lokacin. Matafiya daga Turai da Amurka sun yi ta rubutu a kansu. Mark Twain, wanda ya ziyarci birnin a 1867, ya ba su wuri a littafin tafiyarsa. Cutar haukar kare ma ba a yi sakaci da ita ba. Louis Pasteur ya fara gwada allurarsa a kan mutum a 1885, Sarki Abdulhamid na Biyu ya aika masa da gudummawar kuɗi da likitocin da za su koyo aikin, zuwa 1887 an buɗe gidan maganin cizon mahaukacin kare a Istanbul, ɗaya daga cikin na farko-farko a duniya.

Sai shekarar 1910. An tuɓe Abdulhamid a 1909, sababbin masu mulki suna son babban birninsu ya yi kama da biranen Turai, karnukan titi kuwa a idonsu alamar ci baya ne. Aka ba da umarnin a kwashe su. Aka riƙa cafke su da manyan awartakin ƙarfe ana jefawa cikin keji, ana lodawa a kwale-kwale zuwa wani tsibiri a tekun Marmara mai suna Sivriada. Tsibirin dutse ne tsagwaronsa, ba inuwa, ba abinci, ba ruwan da zai ishi ko kaɗan daga cikinsu. Adadin da aka fi ambata shi ne karnuka 80,000. Nan aka zube su cikin zafin bazara aka juya. Ƙishirwa ta kashe wasu, wasu suka faɗa teku suna bin jiragen da ke wucewa har suka nutse, waɗanda suka rage suka cinye juna. Wani mai zane Bafaranshe da ake kira Sem ya je kusa da tsibirin a wannan shekara, ya zana abin da idonsa ya gani aka buga a Faransa. Mutanen unguwanni da dama sun ɓoye karnukansu a gidaje da shaguna don kada a tafi da su. Da gobara ta cinye wani babban yanki na birnin a 1911, girgizar ƙasa ta biyo baya a 1912, yaƙin Balkan ya ɓarke a wannan shekarar daular ta yi asarar ƙasashe, talakawan Istanbul da yawa sun ce alhakin karnuka ne. Har yau in gardama ta tashi a Turkiyya a kan karnukan titi, sunan wannan tsibiri ne ke fara fitowa daga bakin mutane.

Abin lura shi ne, duk da wannan ta'asa, karnuka ba su ƙare a Istanbul ba. Waɗanda suka tsira suka hayayyafa, wasu suka shigo daga ƙauyuka. Kusan duk tsawon ƙarni na 20 ƙananan hukumomi sun ci gaba da zuba guba a nama da harbi da bindiga, kowace shekara a kashe, kowace shekara su dawo. Sai a 2004 majalisar dokokin ƙasar ta yi dokar kare dabbobi mai lamba 5199, wadda ta hana kisan, ta ɗora wa ƙananan hukumomi aikin kamawa, da hana haihuwa, da allura, da mayarwa inda aka ɗauko. Daga nan robar kunne ta zama abin gani a kowane layi. A 2021 aka ƙara wa dokar ƙarfi, aka sa hukuncin ɗauri ga mai azabtar da dabba ko kashe ta da gangan, aka wajabta wa masu karnukan gida su yi musu rajista da 'yar na'urar da ake cusawa ƙarƙashin fata. A wannan shekarar ce wani kare mai suna Boji ya yi suna a duniya saboda shiga jirgin ƙasa da jirgin fito da yake yi shi kaɗai. Hukumar birnin ta bi sawunsa ta tarar yana ratsa tashoshi kusan 29 a rana, yana jiran masu sauka su sauka kafin ya shiga.

Amma Boji da karnukan Laleli rabin labarin ne. Tsakiyar birni, inda baƙi ke yawo kuma hukuma ke da kuɗi, nan aka yi aikin yadda doka ta ce. A bayan gari lamarin ya sha bamban. Ƙananan hukumomi da yawa a faɗin ƙasar ba su gina asibitin dabbobi ba, ba su ɗauki likita ba. Wasu kuma in ƙorafi ya yi yawa, sai su kwashi karnuka cikin dare su zube su a daji, ko bakin babbar hanya, ko cikin iyakar maƙwabciyar hukuma. Ga masu sayen ɗan kwikwiyo don sha'awa, in ya girma ya gundure su su kai shi bayan gari su sake. Ga manyan karnukan kiwo da na gadin wuraren gini da ake bari in aiki ya ƙare. Karen da aka raba da layinsa aka jefa inda bai san kowa ba, yunwa na cinsa, shi ne ke haɗuwa da irinsa su zama garke, kuma garke ba ya jin tsoron abin da kare ɗaya ke tsoro. Waɗanda ke gamuwa da su su ne yaran da ke tafiya makaranta da duku-duku, da tsofaffi, da ma'aikatan da ke dawowa da dare a unguwannin talakawa. A 2022 wata yarinya a lardin Antalya ta ruga tana gudun karnuka, babbar mota ta buge ta, ta rasu bayan jinya. A ƙarshen 2023 garke ya yi wa wani yaro kaca-kaca a Ankara yana hanyar makaranta. Duk mai ɗa ya san abin da iyayen nan suka ji, kuma duk wanda ya ce tsoronsu rashin imani ne bai yi musu adalci ba.

Alƙaluman da gwamnati ta kawo gaban majalisa a 2024 sun ce akwai karnukan titi kimanin miliyan 4 a ƙasar, kuma cikin shekara 20 an hana kimanin miliyan 2.5 haihuwa. In ka raba, kusan 125,000 ke nan a shekara. Dabbar da ke iya haihuwa tun ba ta shekara ba, ba za a cim mata da wannan tafiya ba. Masana sun daɗe suna cewa sai an kai kusan kashi 70 cikin 100 na karnukan wuri, cikin ɗan lokaci, sannan adadi ke fara sauka. In aka yi kashi 20 bana, kashi 20 baɗi, waɗanda aka bari suna cike gurbin tun kafin a dawo. A ganina wannan ne ainihin abin da ya faru. Tsarin 2004 ba a taɓa yinsa da ƙarfin da yake bukata ba, sai aka wayi gari ana cewa an gwada bai yi ba.

A ƙarshen watan Yulin 2024 majalisa ta sauya dokar, da ƙuri'a 275 a kan 224. Yanzu ba a mayar da kare layinsa. Ƙaramar hukuma za ta kama shi ta ajiye a gidan ajiye dabbobi har sai an sami mai ɗaukarsa riƙo. Wanda ke da haɗari ga mutane, ko mai cutar da ba ta warkewa, an yarda likita ya kashe shi da allura. An ba hukumomin wa'adi zuwa ƙarshen 2028 su gina wuraren ajiya, an ce su ware wani kaso na kasafinsu, an sa ɗaurin wata 6 zuwa shekara 2 ga shugaban da ya ƙi, an ɗaga tarar mai yar da dabbarsa a titi zuwa lira 60,000. Dubban mutane sun fito zanga-zanga a Istanbul da Ankara da Izmir. Babbar jam'iyyar adawa ta kai ƙara kotun tsarin mulki, kotun ta ƙi soke dokar a 2025.

Lokacin da aka yi dokar, gidajen ajiya 322 ne a ƙasar, masu ɗaukar karnuka kusan 105,000. Ga miliyan 4, ga wurin 105,000. Kare yana iya rayuwa shekara goma ko fiye, kuma kullum sai ya ci, sai an wanke inda ya kwana, sai an raba shi da mai ciwo. Hukumar da ta kasa biyan kuɗin tiyatar yini ɗaya, ina za ta samo na ciyarwar shekara goma? Hausawa na cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Wanda ya ɗauke kare daga titi ya kulle shi ya ɗauki nauyin ransa gaba ɗaya, domin ya raba shi da bola da mai shagon da ke zuba masa ruwa. Makonni kaɗan bayan dokar, hotunan ramukan da aka cika da gawarwakin karnuka a kusa da wasu gidajen ajiya suka fara yawo, hankalin jama'a ya tashi. Fargabata ita ce a ƙare da keji cike da dabbobi masu yunwa a inda ido ba ya kaiwa, titunan bayan gari kuma su sake cika da sababbi, tun da bolar tana nan, masu yarwa suna nan, karnukan ƙauye kuma ba wanda ya taɓa su. In haka ta faru, yaron da aka yi dokar dominsa bai tsira ba.

Akwai inda aka yi aikin da gaske aka ga amfaninsa. A birnin Jaifur na Indiya, wata ƙungiya mai suna Help in Suffering ta fara shi a 1994, unguwa bayan unguwa, ba tsallake. Cikin shekara takwas sun kai kusan kashi 65 na karyoyin yankin, yawan karnuka ya sauka da kashi 28, mutuwar mutane da haukar kare ta tsaya cak a inda suke aiki alhali tana ci gaba a sauran sassan birnin.

Wannan cuta ita ce ta sa maganar ta shafe mu kai tsaye. Hukumar Lafiya ta Duniya tana ƙiyasta cewa haukar kare na kashe mutum kusan 59,000 a shekara, kashi 95 cikin 100 a Afirka da Asiya, kuma kusan huɗu cikin kowane goma yara ne 'yan ƙasa da shekara 15. Kusan duka daga cizon kare ne. Da zarar alamunta sun bayyana a jikin mutum, tsoron ruwa da firgita da dalalar yawu, to sai dai haƙuri. A garuruwanmu da yawa irin wannan mutuwa ba ta shiga lissafin asibiti. Cizon ya faru wata biyu da suka wuce, ya warke, an manta, yaron ma wataƙila ya ɓoye don tsoron faɗa. In ciwon ya tashi sai a ce iska ce ko sammu.

Sai dai karnukanmu ba irin na Istanbul ba ne, kuma nan ne nake ganin muna da sauƙin da su ba su da shi. Karen da ka gani yana yawo a bola a Kano ko Zariya ko Damagaram, mafi yawan lokaci yana da mai shi. Na mafarauci ne, ko na mai gadi, ko na masu gareji, ko na samarin unguwa, ko na makiyayi da ya sauka bayan gari. Sakinsa ake yi ya nemi abinci da kansa, dare ya yi ya koma. Binciken da aka yi a Njamena, babban birnin Chadi, ya nuna haka ƙarara: marasa mai su 'yan kaɗan ne. Kare mai mai shi kuwa ba ya bukatar motar kamu, igiya kawai za a sa masa a jawo shi. A 2012 da 2013 hukumomin dabbobi na Chadi tare da wata cibiyar binciken lafiya ta Suwizalan sun kafa rumfunan allura unguwa-unguwa a Njamena, kyauta, suna sanarwa ta hannun masu unguwanni da lasifika. Kowace shekara sun haura kashi 70 cikin 100 na karnukan birnin. Galibi yara ne ke jawo karnukan zuwa rumfa. Cutar ta ɗauke a birnin tsawon watanni a 2014. Tun kafin wannan an gwada karɓar kuɗi daga masu karnuka, fitowar ba ta kai kashi ɗaya cikin huɗu ba. Da aka dakatar da allurar kuma, cutar ta sake shigowa daga wajen gari, saboda karnukan birni suna saurin sauyawa, tsofaffi na mutuwa, sababbi na tasowa ba rigakafi a jikinsu.

A Najeriya ana yin allurar karnuka a cibiyar binciken dabbobi ta Vom da ke jihar Filato, can kuma ake gwada ƙwaƙwalwar karen da ake zargi. Amma abin da aka saba in kare ya ciji mutum shi ne a bi shi da sanduna a kashe a jefar. Da an ɗaure shi an sa masa ido kwana goma, in ya wuce su lafiya lau an san ba ya ɗauke da cutar a ranar cizon. In kuma an riga an kashe shi, a kira likitan dabbobi ya ɗauki kan a gwada. Shi kuma wanda aka ciza, abu na farko shi ne a wanke ciwon da ruwa mai gudu da sabulu na tsawon minti 15, kafin komai, sannan a garzaya asibiti a fara allura a ranar, ba sai an jira sakamakon karen ba. Sabulu da ruwa suna kowane gida, amma mutane nawa ne suka san minti 15 ɗin nan? Allurar mutum tana da tsada, sau da yawa ma sai an je babban birni ake samunta, alhali kuɗin yi wa mutum ɗaya ya isa a yi wa karnuka da dama rigakafi.

Akwai kuma halinmu da kare, wanda ya kamata mu faɗa wa kanmu gaskiya a kai. Yaro ya ga kare yana wucewa, bai yi masa komai ba, sai ya ɗauki dutse, manya na zaune ba mai cewa bari. Ana ɗaure wa kwikwiyo igiya a wuya ana ja a ƙasa da sunan wasa. Ana watsa wa karya mai shayarwa ruwan zafi don ta bar bayan gida. Wannan ba koyarwar addini ba ce. A mazhabar Malikiyya da muke karantawa a zaure, duk mai rai tsarkakakke ne, har da kare, kuma an halatta riƙe shi don farauta da kiwo da gona. Yaran makarantar allo ma sun san hadisin da Bukhari da Muslim suka ruwaito na mutumin da ya ga kare yana lasar ƙasa don ƙishirwa, ya koma cikin rijiya ya ɗebo masa ruwa a huffinsa, Allah ya gafarta masa. Ba wanda ya ce ka shigar da kare ɗakinka. Tsakanin shigar da shi ɗaki da jifansa akwai fili mai faɗi. Kuma karen da ya sha jifa tun yana ƙarami shi ne ke tashi da tsoron mutum, in aka ritsa shi a lungu ya kai cizo, shi ne kuma ba ya kamuwa ranar allura.

Ba sai mun gina gidajen ajiya ko mun jira wata babbar doka ba. Kowace jiha tana da sashen kula da dabbobi, kowace unguwa tana da mai unguwa, mafarauta kuma suna da sarakunansu da ƙungiyoyinsu, suna son karnukansu, sun san na kowa. In aka sa rana ɗaya a shekara, da rani kafin a fara fita farauta, aka kafa rumfa a ƙofar gidan mai unguwa, aka yi shela a masallaci da coci da rediyo cewa allura kyauta ce, karnuka za su zo. A rubuta sunan mai kare da unguwarsa, a ba shi 'yar takarda. A bi rugage da garejoji da wuraren gini, ɗauke da allurar a akwatin ƙanƙara a bayan babur. A kwata kuma a daina zubar da jini da kayan ciki a fili, a haƙa rami mai murfi, domin duk garin da ka je, garken da ya fi yawa a bayan kwata yake kwana. Baɗi kuma a sake kafa rumfar, don kwikwiyon da aka haifa bayan an tashi.